Yadda Kawu Injiniya Ya Kai Gonar Mama Girgije

Kawuna Injiniya bai taɓa shiga ajin injiniyoyi ba. Shi ya raɗa wa kansa sunan, ranar da ya gyara mana fankar falo. Tun daga ranar ba ta tashi sai an zungure ta da sanda, kuma idan ta tashi silin take yi wa fifita, mu muna ƙasa muna gumi. Kawu ya ce haka na zamani suke: su fara sanyaya rufi, sannan sanyin ya sauko a hankali. Shekara biyu ke nan muna jiran saukowarsa.

Ƙanin Mama ne. Ya zo da jaka ɗaya bayan rasuwar Baba, ya ce sati biyu zai yi. Mama tana kiransa Ƙarami. Ba ta ce masa Injiniya sai ya tafka ɓarna.

Muna zaune a hawa na biyu na wani bene. A ƙasa akwai shago biyu, na Mai Aski da na Mai Agogo. A shagon Mai Aski, can saman madubi, akwatin intanet yake, mai ƙananan fitilu masu ƙyaftawa, kuma duk benen da shi muke amfani. Shi kuwa Mai Agogo saurayi ne da maganarsa ta yini guda ba ta cika cokali. Duk Laraba nakan kai masa agogon Baba. Ya buɗe bayansa, ya duba da gilashin nan na ido ɗaya, ya hura, ya rufe, ya ce, "Ki dawo da shi Laraba." Agogon bai taɓa ɓata minti ɗaya ba.

To, ga maganar gona.

Baba ya yi shekara biyu a kwance. A lokacin ne ya fara wani wasan noma a wayarsa: ka yi shuka, ka yi ban ruwa, ka yi kiwo. Mama tana yi masa tsiya, wai mutumin da bai taɓa riƙe fartanya ba ya zama manomi a kan katifa. Shi kuma ya sayi maraƙa ya sa mata suna Gimbiya, sunan da yake kiran Mama da shi idan yana son shayi. Ya kewaye ɗan tafkin gonar da shinge. Hannunsa yana rawa a lokacin, don haka shingen ya fita a karkace, ya shiga nan ya fita can kamar tafiyar mai jin barci.

Bayan rasuwarsa Mai Agogo ya haɗa kebur ya sa wa Mama gonar a kwamfutar hannu, saboda idonta ba ya son ƙananan abubuwa. Ita faranti take kiranta, mu ma muka bi. Wayar Baba kuwa ta naɗe ta a hankicinsa, ta kulle a durowa, makullin yana jakarta. Daga nan kullum da safe, kafin ta kurɓi shayi, sai ta shayar da gona ta gaishe da Gimbiya. Shekara biyu tana yi. Ta gina rumbu, ta kafa injin niƙa, shanu suka kai goma sha biyu. Shingen nan kaɗai ne ba ta taɓa ba.

Sai faranti ya tsufa. Batirinsa ya kumbura, gilashin ya tsage. Yayana da ke aiki a nesa ya aiko da sabo. Aka yi rashin sa'a Mai Agogo ya rufe shago ya tafi duba ƙanwarsa, sai bayan sati zai dawo. Mama ta ce a jira shi.

Kawu ya ajiye kofinsa.

"Yaya, ina cikin gidan nan za ki jira mai gyaran agogo?"

"Eh."

"Mutumin da duk lissafinsa bai wuce sha biyu ba?"

"Abin da ya gyara yana tafiya," in ji Mama. Ta ɗaga kai ta dubi fanka.

Kawu bai dubi fanka ba. Ya gyara zama.

"Kebur aikin mutanen da ne. Yanzu girgije ake yi. Wata ma'ajiya ce a intanet. Da zarar an kai gonarki can, duk abin da kika ɗauka za ki gan ta a ciki: sabon faranti, wayarki, har talabijin. Kina falo Gimbiya tana falo. Kina kicin tana kicin."

"Me saniya za ta yi mini a kicin?"

"Ci gaba ke nan, Yaya."

"Ƙarami, kada ka taɓa mini faranti."

Ranar Asabar Mama ta tafi asibiti awon jini. Ƙofa ba ta gama rufuwa ba Kawu ya shimfiɗa faranti biyu a teburin cin abinci. Ya saƙala fensir a kunne, ya ajiye sukudireba a gefe, ko da yake babu abin kwancewa. Imel ɗin Baba da lambar sirrinsa suna rubuce a wata takarda da ke manne a cikin ƙofar kabad. Da su ya shiga.

Sabon ya fara buɗewa. Wasan ya ba shi abin da yake ba kowane baƙo: fili fetal da kaza ɗaya. Kawu ya tura wannan zuwa girgije. Sannan ya haɗa tsohon. Sai rubutu ya fito, wai an sami gona biyu, wacce za a riƙe? Ta sama tana da gida da shanu goma sha biyu, an adana ta ƙarfe bakwai na safe. Ta ƙasa an adana ta minti biyu da suka wuce.

Ina tsaye a bayansa da tire a hannu.

"Kawu, ta sama ce ta Mama."

"Auta, ki dubi lokaci. Waccan ta safe ce, ta kwana biyu. Wannan yanzu ta fito. A harkar na'ura sabo ake bi. Kin taɓa ganin an sabunta waya an koma baya?"

"Amma kaza ɗaya ce a ciki."

"Hoton misali ne."

Ya danna ta ƙasa. Wasan ya tambaye shi ko ya tabbata, domin wadda aka goge ba ta dawowa.

"Kawu, ka bari Mama ta—"

"Haka suke tsorata waɗanda ba su sani ba."

Ya tabbatar. Akwai wani ɗan gurbi a ƙasa da aka rubuta: kullum a ɗauki mafi sabuwa, kada a sake tambaya. Ya sa masa alama, wai don kada a riƙa damun Yaya da tambayoyi.

Wani ɗan zobe ya yi ta juyawa, ya tsaya. Tsohon faranti ya nuna fili da kaza. Sabon faranti ya nuna fili da kaza. Kazar ta dube mu daga wuri biyu.

"Kin gani?" in ji Kawu. "Sun daidaita."

"Ina gonar?"

Ya kashe, ya kunna. Ya girgiza tsohon a kusa da kunnensa. Ya ɗauki sukudireba, ya ajiye.

"Tana hanya," ya ce.

Haka ya gaya wa Mama da ta dawo. Ya ce gonar shekara huɗu kaya ce mai nauyi, ba ta hawa rana ɗaya. Gidaje suna fara tafiya, sannan amfanin gona, shanu su ne ƙarshe saboda ba sa sauri. Sati ɗaya cif. Asabar mai zuwa ƙarfe huɗu za ta sauko, kuma a babban talabijin na shagon Mai Aski zai nuna mata, kowa ya gani.

"Na ce kada ka taɓa."

"Gara da na taɓa, Yaya. Batirin nan saura ƙiris ya fashe da Gimbiya a ciki."

"Wa zai ba ta abinci sati guda?"

"Akwai masu kula da su a can."

Mama ta dube ni. Ni kuma na dubi tire. Takardar asibiti tana hannunta, na ga lambar da aka rubuta ta hawan jininta, sai na bar zancen Kawu a yadda yake.

"Asabar," in ji Mama.

Washegari da safe ta tashi kamar kullum, ta zauna a kujerarta, ta sa tabarau. Babu abin da za ta duba. Ta ɗora hannuwa a cinya har shayin ya huce.

Kafin azahar Kawu ya kira taro a shagon Mai Aski. Akwai Mai Aski, akwai Nas ta hawa na uku mai aiki a asibiti, akwai Malam, tsohon malamin lissafi da ya yi ritaya. Dukkansu suna ganin girman Mama, don haka da Kawu ya ce an sami 'yar tangarɗa, suka ce me za su yi. Ni aka sa na zana taswirar gonar a bayan kalanda.

"Abu ne mai sauƙi," in ji Kawu. "Zan sa muku akawun ɗaya a wayoyinku. Kowa ya yi nasa ɓangaren, girgije ya haɗa. Kai dabbobi. Ke shuka. Malam gine-gine. Ni shinge da sa ido."

Malam ya ɗaga yatsa, kamar yadda ya yi shekara talatin yana so a yi masa.

"Aikin shekara huɗu, a raba wa mutum huɗu, shekara ɗaya ke nan. Ba sati ɗaya ba."

"Wannan lissafin allo ne, Malam. Na girgije daban yake."

"Huɗu a raba huɗu ɗaya ne a ko'ina."

"Shi ya sa aka yi maka ritaya."

Aka fara. Ranar Litinin Mai Aski ya yini yana kiwo tsakanin kai da kai, har ya tara shanu shida. Da yamma Nas ta dawo daga aiki. Ta yi ta shuka a cikin bas tun daga asibiti, tana shigowa ƙofar bene ta rufe wasan ta jefa waya a jaka. A daidai lokacin Mai Aski yana riƙe da injin aski a hannun dama, waya a hagu. Ya leƙa. Babu shanu, sai furanni layi-layi. Hannun dama ya ci gaba da tafiya shi kaɗai, ya buɗe wa wani direban tasi hanya tun daga goshi har ƙeya.

Ya fito bakin matakala.

"Nas, ina shanuna?"

"Ni ka ba ajiyarsu?"

"Na bar su nan, na dawo na tarar da furanni."

"To ka gode. Wurin ya fi ƙamshi."

Suna cikin haka Malam ya rufe nasa wasan a ɗakinsa. Furanni suka tafi. Wani gida ya bayyana a tsakiyar fili, mai taga takwas, babu ƙofa.

Direban tasi ya leƙo da rabin kai, ya tambaya ko za a ƙarasa masa ko ya dawo gobe.

Ni ce na gane abin ranar Talata, domin na zauna na karanta bayanin wasan daga farko har ƙarshe. Girgije ba ya haɗa aikin mutum biyu. Duk wanda ya rufe wasa a ƙarshe, gonarsa ce ke hawa ta danne ta sauran. Na kai wa Kawu, har da nuna masa layin.

Ya karanta yana gyaɗa kai.

"Abin da na ce ke nan. Rashin haɗin kai ne. Idan babu na ƙarshe, babu wanda za a danne. Kowa ya rufe lokaci ɗaya."

Ya samo usur. Ƙarfe biyar ya tsayar da su a kan matakala, kowa da waya a hannu, yatsa a sama. Matan hawa na ɗaya suka fito kallo. Ya ƙirga uku, ya hura. Mai Aski ya danna. Nas ta danna. Malam, wanda yatsunsa ke ciwo, ya duba ta saman tabarau, ya nemo wurin, ya danna.

Gida mai taga takwas ya bayyana a wayar kowa. Ya ƙaru da rijiya uku.

"Malam, me za a yi da rijiya uku?" in ji Nas.

"Ɗaya na so. Hannuna ne."

"Da ƙofa ka sa, da mutanen gidan sun fito sun sha."

Aka sake hura usur sau huɗu. Sau huɗu Malam yana yin nasara ba da niyya ba.

Ranar Laraba na sauko da agogon Baba kafin na tuna shagon a rufe yake. Na ɗan tsaya a gaban ƙofar, na koma.

Daga ranar abin ya canza salo. Kowa ya gane cewa na ƙarshe shi ke da gona, kuma kowa ya fara son tasa. Sai aka daina rufe wasa. Mai Aski ya jona wayarsa a caja, ya jingine ta a gaban madubi, yana aski yana kiwo, shanu suka kai goma sha tara, kowace da sunan wani mai zuwa aski. Nas ta dinga tafiya aiki da wayar a buɗe cikin aljihun riga, ta ce ko za a sallame ta ba za ta rufe ba sai Mai Aski ya rufe. Malam ya daina barcin rana. Idan suka haɗu a matakala, gaisuwar ta zama, "Ka rufe?" "Ke kin rufe?"

Kawu kuwa yana ɗaki da rula. Yana ɗora ta a kan gilashin sabon faranti, yana jera shinge sanda bayan sanda.

"Kawu, gobe Asabar. Mu gaya wa Mama gaskiya."

"Auta, kin taɓa dafa abinci?"

"Kullum ni nake dafa maka."

"To me ake sawa a ƙarshe? Murfi. Su duka su rufe nasu, ni in rufe a ƙarshe. Nawa shi ne murfi. Komai yana ciki."

"Ba haka aka rubuta ba."

"Waɗanda suka rubuta ba su san akwai irina ba."

Ya liƙa sanarwa a ƙofar bene, da jan biro: Saukar Gona Daga Girgije, Asabar ƙarfe huɗu, ƙarƙashin jagorancin Injiniya.

Asabar shagon ya cika. An kawo kujeru daga kowane hawa. Direban tasi ya zo da hula. Mama ta sa kayanta masu kyau, ta goge tabarau, aka ba ta kujerar aski a gaba. Saura minti biyar Kawu ya bi su ɗaya bayan ɗaya ya rantse musu cewa murfi zai riƙe komai, suka rufe da ƙyar, Mai Aski yana kallon shanunsa kamar mai raka ɗa tasha. Sannan Kawu ya rufe nasa, ya haɗa faranti da talabijin, ya yi gyaran murya.

Ya yi jawabi na minti goma. Ya yi maganar zamanin kebur da ya wuce. Ya ce akwai masu gyaran abin da ke ɗaure a hannu, akwai masu aiki da abin da ke sama. Ya ce ba ya son godiya.

Ya danna.

Zobe ya juya. Fili ya bayyana, fetal. A tsakiyarsa ga shinge dogo, miƙaƙƙe sambal, ya kewaye babu komai. Kazar tana waje.

Kowa ya zuba wa talabijin ido.

"Ina shanuna goma sha tara?" in ji Mai Aski.

"Shanunka?" in ji Mama.

"Kwana biyar ina shuka," in ji Nas. "A tsaye, cikin bas."

"Ni na faɗa tun ranar Lahadi," in ji Malam. "Huɗu a raba huɗu."

Mama ta juya ta dube su ɗaya bayan ɗaya, ta ƙare a kaina. Na gaya mata. Ban ɓoye komai ba, har da tiren da na tsaya kallo. Ta sauko daga kujera, ta matsa kusa da talabijin, ta daɗe tana duban shingen.

"Wa ya yi wannan?"

"Ni ne, Yaya. Da rula. Kin san wancan ya ɗan karkace, sai na ce tunda ana aikin—"

"Injiniya."

"Na'am."

"Na ce maka ya dame ni?"

Mama ta cire tabarau ta ninke su a hankali. Da ta yi faɗa da ya fi mana sauƙi.

A lokacin na ji an tsaya a gefena. Mai Agogo ne, da jakar tafiya a kafaɗa, ko shagonsa bai buɗe ba. Ban san tun yaushe yake bakin ƙofa ba.

"Wayar Baba tana nan?" ya ce, ƙasa-ƙasa.

"Tana durowa. Amma ai ka kwashe gonar daga cikinta."

"Kwafe ta kawai na yi."

Kunnen Kawu ba ya jin gargaɗi, amma yana jin mafita daga nesa.

"Abin da nake shirin faɗa ke nan," ya ce da ƙarfi. "Jama'a, wannan mataki na ɗaya ne. Mataki na biyu yana cikin durowa. Injiniya ba ya aiki babu ajiya ta biyu."

Mama ta dubi Mai Agogo. Ya gyaɗa kai sau ɗaya. Ta buɗe jaka ta miƙo mini makulli.

Na hau da gudu, na sauko da wayar a cikin hankicinta. Ban kai ga Mama ba Kawu ya karɓe ta daga hannuna, ya zare cajar Mai Aski, ya jona, ya danne maɓallin kunnawa da babban yatsa. Gilashin ya yi haske. Shekara biyu rabon da ya yi.

"Da wane akawun ya yi aikin?" in ji Mai Agogo.

"Na Baba."

"Ya sa kada a sake tambaya?"

"Ya sa."

Layin wayar ya daɗe da mutuwa, amma ta san intanet ɗin benen, da shi Baba ya yi ta amfani. Mai Agogo ya ajiye jaka, ya taka kujerar aski da takalminsa, ya miƙa hannu saman madubi, ya fizge akwatin intanet da filoginsa da komai. Fitilun suka mutu. Ya sauko da shi a hammata.

"Malam, wannan akwatina ne," in ji Mai Aski.

"Zan dawo da shi."

"Ka katse girgije," in ji Kawu.

"Eh."

"To ta ina gonar za ta sauko?"

"Ba saukowa za ta yi ba. Tana ciki. Idan wayar nan ta ji intanet, kazarka ce za ta hau kanta."

Tun da na san shi ban taɓa jin ya yi magana mai tsawon wannan ba. Na ga Nas ta dube ni, sai na gane ina murmushi, na daina.

Mama ta miƙa hannu. Kawu ya ba ta wayar. Ta mayar da tabarau, ta nemo wasan da kanta, ta taɓa. Mutane suka matso, kai bisa kai.

Gona ce ƙarama. Ɗan gida, ɗan tafki, benci ɗaya. Shinge ya shiga nan ya fita can.

"Babu rumbuna," in ji Mama.

"Babu," in ji Mai Agogo.

"Babu injin niƙa."

"Babu. Yadda ya bar ta ne."

Aikinta na shekara biyu ya tafi, kuma ta sani. Ta ja hoton da yatsa zuwa bayan gida. Wata 'yar maraƙa tana tsaye, ƙafafu sirara, da suna a saman kanta.

"Ji Gimbiya," in ji Mama. "Ta koma yarinya."

Kusa da benci akwai layin shuka. Rabinsa ƙasar ta yi duhu da ruwa, rabi a bushe. Butar ban ruwa tana ajiye a daidai inda aka tsaya. Mama ta daɗe a kan wannan.

"Bai gama ba," ta ce. "Haka yake. Kullum sai ya bar mini rabi."

Ta ɗauki butar da yatsa, ta ƙarasa layin, shuka bayan shuka. Direban tasi ya cire hula, ya tuna, ya mayar.

Kawu ne ya fara magana.

"To, alhamdu lillahi. Kamar yadda aka tsara. Da ban goge waccan ba, da wa zai tuna da wannan?"

"Injiniya," in ji Mai Aski, "zo ka zauna in yi maka aski. Kyauta. Hannuna ɗaya zan sa."

"Ni zan riƙe maka madubi," in ji direban tasi.

Mama ba ta ɗaga kai daga wayar ba.

"Auta, ɗauko masa tsohon faranti. Kazarsa ce, ya kula da ita. Kuma daga yau duk abin da ke da filogi a gidana, tsakaninka da shi kallo."

"Har fanka, Yaya?"

"Musamman fanka."

A yammacin nan Mai Agogo ya zauna a teburinmu da kebur. Ya cire wasan daga akawun ɗin Baba, ya kwafe gonar zuwa sabon faranti, ya sake kwafe ta a wani wuri, sannan ya buɗe wa Mama nata girgijen da intanet ɗin wayarsa, wanda ita kaɗai ta san lambarsa. Akwatin intanet yana kan cinyarsa har ya gama. Duk benen ya yi awa biyu babu intanet, kuma babu wanda ya hauro ya tambaya. Na kawo masa shayi. Ya ce, "Na gode." Na ce, "Ba komai." Muka tsaya a nan.

Kawu yana nan da kazarsa. Ya kewaye ta da shinge uku, duk miƙaƙƙu, kuma har yau tana waje. Yana gaya wa masu zuwa aski cewa shi ne ya gano gonar asali, sauran aikin hannu ne kawai ya bar wa yara.

Ranar Talata da safe na tarar da Mama a kujerarta, tana ba Gimbiya ciyawa, shayi yana hucewa a gefe.

"Gobe Laraba," ta ce.

"Eh, Mama."

"Ki kai masa agogon Babanki."

Na ce, "Mama, agogon nan fa lafiyarsa ƙalau."

"Na sani. Shekara talatin ina jin ƙararsa a gefen kunnena." Ta ja butar ban ruwa zuwa layi na gaba, ta bi ta gefen karkataccen shingen a hankali don kada ta taɓa shi. "Ki kai. Kuma wannan karon ki zauna. Kada ke ma ki bar mini rabi."